Gaiwar da ɗalibata ta haƙo mini

Shekarun baya, lokacin ina sabon malami ina ji da takardata, aka tura ni wata firamare a wani ƙauye ta wajen Furana. Ni ɗan cikin garin Maƙarfi ne, kuma duk da sunan da muka yi a noman rake, abin da na iya game da rake shi ne sha. Na kama ɗaki a Ikara, kullum da safe in hau babur in tafi, da farar riga a goge da biro biyu a aljihu. A lokacin gani nake ni na kawo wa ƙauyen nan ilimi a bayan babur.

Wata rana wata ƙungiya ta kawo mana kwali guda na littattafan yara kyauta. Na Turanci ne, takardarsu tana sheƙi, hotuna sun fi rubutu yawa. Hedimasta ya kulle su a kabad don kada yara su ɓata su da hannun manja. Da ƙyar na roƙi ɗaya ya ba ni, wanda yake bayani a kan rabe-raben dabbobi: masu shayarwa, tsuntsaye, masu jan ciki, masu zaman ruwa da tudu irin kwaɗo, sai kifaye. Aji biyar nake riƙe da shi. Nakan ɗaga littafin sama in zagaya da shi layi-layi, ba na barin kowa ya taɓa.

Darasin farko ne ya kumbura mini kai. Na gaya wa yaran cewa jemage ba tsuntsu ba ne, haihuwa yake yi yana shayarwa, gidansu ɗaya da akuya. Suka yi ta dariya suna musu. Bayan kwana biyu sai ga su sun dawo suna cewa wani ya harbo jemage da ɗanta a manne a ƙirji, ashe Malam ya yi gaskiya. Daga ranar na ɗauka duk inda littafina ya yi karo da abin da mutanen ƙauye suka sani, littafina ne a sama.

Akwai wata yarinya a ajin, 'yar siririya, a bencin gaba take zama. Ba ta da surutu, amma ba wanda yake kama ƙafarta a lissafi, har na fara shirin sa sunanta a jarrabawar shiga sakandare. Mahaifinta dattijo ne a cocin ƙauyen, yana noman tumatir da rake a fadama, ita take kai masa abinci in an tashi daga makaranta. Ta san fadamar nan kamar tsakar gidansu.

Ranar wata Alhamis cikin zafin bazara muka zo kan kifaye. Na rubuta a allo cewa kifi a ruwa yake rayuwa, yana numfashi ta tsagun da ke gefen kansa, in aka raba shi da ruwa ya mutu. Na sa suka maimaita sau uku. Sai na ga yarinyar nan ta ɗaga hannu.

Ta ce, “Malam, to gaiwa fa?”

Na ce, “Gaiwa ta yi me?”

Ta ce, “Ita in ruwa ya ƙafe tana shiga cikin laka ta kwanta. Ƙasa ta bushe a kanta, tana nan da ranta har damina. Babana yana haƙo ta da rani.”

Gaskiya ni a miya kawai na san gaiwa. Na taɓa jin wannan zance, amma na sa shi a layin labaran da tsofaffi ke ba yara. Na ga wasu a ajin suna gyaɗa kai, sai raina ya sosu. Yarinya 'yar shekara goma sha ɗaya tana gyara ni, ga littafin Turawa a hannuna.

Na ce, “Kifi a cikin busasshiyar ƙasa? Dankali ne shi?”

Aji ya kwashe da dariya, har da masu gyaɗa kan. Daɗin dariyar ya ɗebe ni, na ƙara da cewa, “To Malama Gaiwa, tunda kin fi littafi sani, ki kawo mana ita mu gani.”

Ta sunkuyar da kai tana murza bakin littafinta. Washegari Juma'a ina jin yara suna kiranta Malama Gaiwa a filin wasa, ban tsawatar ba. Na hau babur ɗina na tafi hutun ƙarshen mako, ko a jikina.

Litinin da safe na tarar da mahaifinta a tsaye a bakin ofis, da buhu a hannu. Muka gaisa, na tambayi gida da aiki da zafi, ya amsa duka a natse. Sannan ya buɗe buhun ya fito da wani curin busasshiyar laka, girmansa kamar ƙaramin tulu, da ɗan rami a samansa wanda bai fi yatsa ya shiga ba.

Ya ce, “Ta ce a kawo wa Malam. Wai kai ka aike ta.”

Na ce, “Ita tana ina, Baba?”

Ya ce tana gida a kwance. Ranar Asabar da hantsi ta ɗauki fartanya ta tafi fadama ita kaɗai, ba ta gaya wa kowa ba. Ta nemi irin ramin da gaiwa ke bari don shan iska, ta samu, ta haƙa kewaye da shi yadda ta ga yana yi. Da ta sa hannu cikin tsagar ƙasa don ta ɗago curin, sai kububuwa ta sare ta a bayan hannu. Ya ce, “Da ta yar da abin ta rugo, da sauƙi. Sai ta naɗe shi a zane ta ɗauko a ka, tana tafiya a hankali wai kada ya fashe.”

Na tambaya ko an kai ta asibiti, ya ce mai maganin maciji ya zo ya tsaga wurin ya sa magani, kuma ana addu'a. Na karɓi curin da hannu biyu. Abin da na yi bayan ya tafi shi ne abin da har yau nake jin kunyar faɗa. Ban kai shi aji ba. Na tura shi ƙarƙashin tebur a ofis, na jawo kwali na kare. Tsoro nake kada a sa a ruwa wani abu ya fito, yara su ga Malam ya faɗi. Yarinya tana kwance da dafi a jikinta, ni ina tattalin girmana.

Da aka tashi na bi ta gidansu. Tana kwance a kan tabarma a rumfa, mahaifiyarta tana yi mata fifita. Hannun ya kumbura har kafaɗa, tsagar da aka yi tun shekaranjiya ba ta daina tsattsafo da jini ba. Da ta buɗe baki za ta gaishe ni sai na ga jini a dasashinta. Ko ni da ban san komai ba na san wannan ba alamar sauƙi ba ce.

Ta ce, “Malam, ina wuni. An sa ta a ruwa?”

Na ce, “Gobe za mu sa, a gaban kowa.”

Ta ce, “Kada a fasa da dutse. A bar ruwa ya jiƙa ta da kansa.”

Na ce to. Na ja mahaifinta gefe na ce, “Baba, don Allah a tafi asibiti yanzu.” Bai yi musu ba, ina jin shi ma abin ya fara ba shi tsoro. Aka samo motar da ke ɗaukar kwandunan tumatir, aka shimfiɗa mata katifa a baya, na bi su a babur. Asibitin da muka fara zuwa suka duba ta suka ce ba su da allurar dafin a lokacin, sai dai a wuce Zariya. Suka ɗaura mata ruwa, suka ce a bari ta ɗan farfaɗo kafin a kama hanya. Mahaifinta ya ce in koma, gobe akwai makaranta. Na so in shiga in ce mata na yarda da maganarta tun kafin a sa a ruwa. Na tsaya a bakin ƙofa, na ga mata sun cika ɗakin, na ce a raina bari sai na zo mata da labari cikakke.

Talata da sassafe na ari babban baho a gidan da ke maƙwabtaka da makaranta, na sa aka cika shi da ruwan rijiya, na ajiye a gaban allo. Na ɗauko curin na sa a ciki a hankali. Na gaya wa yaran abin da ke ciki da wadda ta haƙo shi, ba wanda ya yi dariya. Muka ci gaba da lissafi, amma idon kowa yana kan bahon, har da nawa. Lakar ta riƙa narkewa, ruwan ya yi jawur. Wajen ƙarfe goma sha ɗaya wani abu ya bayyana a dunƙule, cikin wata fata-fata mai kama da busasshen ganye. Ya daɗe bai motsa ba, har na fara tunanin ko ya mutu. Can sai wutsiyar ta warware daga kan fuskar. Ta miƙe, doguwa, mai santsi, ta taso saman ruwa ta buɗe baki ta ja iska, muka ji ƙarar a ajin da ya yi tsit.

Wata yarinya daga bayan aji ta ce a hankali, “Malam, kifi ce?”

Na ce, “Kifi ce. Ni ne ban sani ba.”

Ban jira tashi ba. Na gaya wa hedimasta, na hau babur da niyyar in bi ta gidansu in ji ko wane asibiti aka kai ta a Zariya. Tun daga nesa na hango tabarmi a ƙofar gida, maza a zazzaune, daga ciki kuma muryar mata tana tashi da waƙar coci a hankali. Na kashe babur ɗin na tura shi da hannu. Aka ce da safe suka kama hanya, ba su kai Zariya ba rai ya yi halinsa. Lokacin da muke zuba wa baho ido, su suna juyo da mota.

Na durƙusa gaban mahaifinta na yi masa gaisuwa. Ya amsa, har ya yi mini godiyar rakiyar jiya. Sai bakina ya faɗi abin da na zo da shi.

Na ce, “Baba, mun sa a ruwa. Ta motsa. Gaskiya ta faɗa.”

Ya dube ni, ba fushi a fuskarsa, da ma fushin ya yi da ya fi mini sauƙi. Ya ce, “Ai ita ta sani, Malam.”

Bai taɓa ce mini ni na jawo ba, har na bar ƙauyen bayan shekara uku. Mutane suka yi ta ba ni baki cewa kwananta ne ya ƙare, kuma na yarda kowa da ranarsa. Amma na san bakin da ya ce ta kawo mu gani, kuma na san don me ya faɗa. Ba don neman sani ba ne, don yara su yi dariya ne. Gaiwar ta yi makonni a bahon nan, da ruwan sama ya sauka muka kai ta fadama ni da 'yan ajin muka sake ta.

A ƙarshen zangon da abin ya faru hedimasta ya ce a mayar da littafin kabad. Kafin in miƙa na zauna a ofis ina buɗe shi, karo na farko da na wuce inda darasina ya tsaya. Can gaba akwai wani sashe a kan kifaye masu ban mamaki. Ga hotonta nan, a dunƙule cikin busasshiyar ƙasa, da ɗan ramin iska a sama, da taswirar Afirka a gefe. Rubutun ƙasan hoton layi uku ne, da Turanci mai sauƙi wanda ita kanta za ta iya karantawa, da na taɓa barin littafin ya shiga hannunta. Ashe littafin da na ɗaga na rufe mata baki da shi yana goyon bayanta tun farko.

Yau na haura shekara goma sha biyar ina koyarwa, yanzu ta wajen Kudan nake. In yaro ya ɗaga hannu ya ce ba haka abin yake a gonarsu ba, nakan ajiye alli in ce ya ba mu labari. Littafi kuwa ba na shiga aji da shi sai na karanta shi daga bango zuwa bango, in na gama kuma in miƙa wa yara su jagwalgwala shi da hannun manjansu. Abokan aiki suna yi mini tsiya wai na cika sanyi, yara za su raina ni. Ba na ba su amsa, don ba su ga abin da na gani a rumfar nan ba.

Na roƙi Allah gafara, na kuma roƙi mahaifinta, ya ce ba komai. Abin da bai bar ni ba shi ne wani ɗan lissafi da nake yi duk shekara in bazara ta kama. Tsakanin shafin da na tsaya da shafin da hoton gaiwar yake, shafi huɗu ne. Na sha ƙirga su, ko zan samu sun fi haka.