Akushin Ƙofar Baba Masassaƙi

Har in koma ga Mahaliccina ba zan manta da daminar da muka kusa kashe tsoho da yunwa ba, mu duka tunga guda, alhali kowannenmu yana kwana yana tashi da zaton shi mutumin kirki ne. Yau na tsufa, abubuwa da yawa sun shige mini duhu, amma wannan in ya faɗo mini a rai sai na sunkuyar da kai, ko da ni kaɗai ce a ɗaki.

Tungarmu tana bakin gulbin Rima ne, tsakanin Wurno da Goronyo, a zamanin da Sarkin Musulmi ke zaune Wurno. Gidajenmu ba su kai ashirin ba. Ba mu da ganuwa, ba mu da kasuwa, ba mu da maigari, ko sunan kirki ba mu da shi, tunga kawai ake ce mana. Kowa da abin da ya jefo shi: ga Kabawa masunta da suka biyo kifi, ga Gobirawan da yaƙi ya koro, ga wani Bafillace da shanunsa suka ƙare ya rungumi fartanya. Da yake kowa baƙo ne, ba wanda ya isa ya ce wa wani nan ƙasar ubansa ce. Mu kuwa muka mai da wannan abin taƙama. Maza na haɗa akusansu su yi ciyayya a ƙofar ɗan masallacinmu, mata na ba juna gishiri da daddawa ta kan danga, har muna cewa mu ba mu bukatar mai rawani ya koya mana zumunci.

A can ƙarshen tunga, kan hanyar da muke bi zuwa ɗiban ruwa, akwai wani tsoho da muke kira Baba masassaƙi. Matarsa ta daɗe da rasuwa, ba ɗa ba jika, don haka wurin ciyayya yake cin tuwonsa. Duk turmi da akushin da ke tungar nan shi ya sassaƙa su, shi ya sa akusanmu suka zama kamar 'yan uwa ɗaya, ba ki bambanta na gidanki da na maƙwabciya sai kin juya gindinsa kin ga shaida. Al'adarmu kuwa, in aka aika wa marar lafiya da abinci, yana gamawa sai a ɗauraye akushin a ajiye a bakin ƙofa, mai shi ta ɗauka in ta zo wucewa.

Damina ta yi tsakiya sai kurkunu ya kama Baba a ƙafa, ya kwantar da shi. Kowa ya ji labari. Maza na wucewa gona su ɗaga murya, “Baba, ya jiki?” Ya amsa daga ciki, “Da sauƙi, mun gode Allah.” Su yi gaba, don ciyawa na neman cinye gero, a ransu kuwa tuwon marar lafiya aikin mata ne. Mu mata kuma ba mu shiga ɗakin namijin da ba mace a gidansa. Amma kullum muka zo wucewa da tulunanmu, ga akushi a bakin ƙofa, yau nan, gobe an ɗan matsar da shi can. Ni da bakina na sha cewa, “An kawo ma Baba. Allah shi saka ma wadda tak kawo.” In wuce da zuciya fara sol, kamar ni na dafa.

Ana cikin haka taubashiyata, ɗiyar goggona da ke aure cikin birnin Wurno, ta zo mini kwana biyu. Tsakanina da ita wasa ne mai zafi tun muna yara, bakinta kuwa ya fi barkono. Tun ba ta sauke kayanta ba ta dubi bukkokinmu ta riƙe haɓa.

“Ke, yanzu nan kuka kwana ku tashi? Gari ba ganuwa ba maigari, awa garken da ba makiyayi? In abu yas samu, wa ka tsayawa?”

Ni kuwa Allah Ya yi ni ba na haɗiye magana. Na ce, “Kowa ka tsayawa! Ku masu hakimi da dogarai, maƙwabci sai shi mutu ba ku sani ba. Mu nan ba mai kwana da yunwa. Taho in gwada maki tsohon da ba shi da kowa, ki ga yadda munka riƙe shi.”

Na ja ta har ƙofar Baba, ina tafe ina ƙara gishiri. Na nuna mata akushin kamar wadda ke nuna kayan ɗakinta. Ta ce, “Wa yak kawo mai tuwo jiya?” Na ce oho, ai ba a tambaya, wata dai ta kawo. Sai ta duƙa ta ɗauki akushin, ta zubar da ɗan ruwan da ke ciki, ta kai hanci ta sansana. Na ga dariyar fuskarta ta ɗauke.

“Wanga akushi in ya ga miya cikin kwanakin ga, ki sake min suna. Dubi cikinai, har ya yi gansakuka.”

Ba ta jira ni ba, ta yi sallama ta ɗaga asabari ta shiga, na bi ta. Wari ne ya fara tarbarmu. Baba yana kwance kan 'yar tabarma, ƙafa ta kumbura suntum, sauran jikin kuwa fata ce kawai ta rufe ƙashi. A gefensa ga ƙwaryar gari an lashe ta tas, ga 'yan karan rama da ya miƙa hannu ya tsinko daga gindin danga ya tauna ɗanye. Akushin nasa ne. Jan jiki yake yi ya tura shi waje ya tara ruwan sama, don ƙafa ba ta kai shi gulbi.

Na durƙusa kusa da shi. Na ce, “Baba, don mi ba ka yi kira ba? Ga mu kullum muna bi ta ƙohwarka!”

Ya ce, “Ɗiyata, ina jin ku. Wagga ta ce an kawo ma Baba, waccan ta sa albarka. To ni wa zan ƙaryata? In nic ce ba a kawo ba, na tona asirin tunga duka.”

Wallahi da ƙasa ta tsage a lokacin, da na shige. Na fita da gudu, zani na warwarewa, na dama kunu mai ruwa-ruwa, taubashiyata ta tallafe kansa muna ba shi da ludayi kaɗan-kaɗan, don cikin ba zai ɗauki tuwo ba. Kafin azahar tunga ta taru a ƙofar. Wannan ta ce ta ɗauka ni ce, ni na ce na ɗauka matar masunci ce, maza suka ce su mata suka bar wa. Da aka bi diddigi, ba gida ko ɗaya da ya aika masa da loma tun da ya kwanta. Kowa ya koma kallon yatsun ƙafarsa.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne taubashiyata. Na zauna ina jiran ta yi mini tsiyar da za ta ishe ni har kabari, ina ma fatan ta yi, ko na samu abin mayarwa. Sai kawai ta wanke wa Baba ƙafa, ta share ɗakin, washegari ta ɗauki kayanta ta koma Wurno, kuma har ta bar duniya ba ta taɓa tayar da zancen ba.

Baba ya tashi, amma ba duka ba. Ƙafa ta warke, hannun ne bai ƙara iya ɗaga gizago ba, sai dai ya zauna a inuwa yana kallon itacen da ya fara sassaƙawa gara na cinsa. Maza sun yi ta shawarar a naɗa maigari, aka rasa wanda sauran za su yarda da shi, zancen ya bi ruwa.

Ni dai tun daga ranar na daina cewa “an yi” sai na san wanda ya yi. In na ji wani ba lafiya, ba na tsayawa a waje in yi gaisuwa, don mai kunya zai ce da sauƙi ko da ransa na fita. Shiga nake yi da ƙafata, in dubi fuskarsa, in tambaye shi abin da ya ci da hannun da ya kawo. In ya yi shiru, na san ni ce ban kawo ba.