Sakin da maigida ya yi mini a gaban Faransawa

Shekarun baya, muna zaune a Babura, maigida yana fataucin hatsi zuwa Magarya ta ƙasar Nijar, ni kuma ina binsa da ƙwaryar fura. Jikata ce take rubuta wannan, ni ban yi boko ba. Idan kun ga maganar ta tsinke, kuka ne ya ci ƙarfina, don bara Allah Ya karɓi ransa.

A kasuwar can wasu Faransawa masu shirya fim suka gan ni ina faɗa da wani da ya zubar mini da nono. Tafintansu ya ce Baturen ya ce irin wannan bakin yake nema. Maigida ya amince, tun da yana wurin. Daga nan duk rani idan sun zo sai a aiko. Ban taɓa zama tauraruwa ba, wannan sai 'yan mata masu dogon wuya. Ni ce maƙwabciya mai leƙe ta katanga, ni ce ungozoma, ni ce mai daka a bayan mutane. Wani fim ɗin ma tsaki kawai na yi, aka ce ya yi.

Wata shekara labarin ya zo da wurin da wani mutum zai saki matarsa a bakin rijiya. Aka ce ni ce matar. Maigida ya ce wani ƙato ba zai tsaya yana yi mini tsawa ba, shi zai yi. To a lokacin igiya ɗaya ce ta rage tsakaninmu, biyu sun tafi tun muna da ƙuruciya da zafin kai. Babu wanda ya tuna da haka a cikinmu.

Ya tsaya ya nuna ni da yatsa, ya ce, "Je ki gidanku, na sake ki." Jaki ya yi kuka, Bature ya ce a sake. Ya maimaita, wata akuya ta gitta. Haka ya yi ta sakina har rana ta karkata, ina ta ƙunshe dariya.

Da muka dawo ni da bakina na ba wa yayana labari a Kanya Babba, ina jira ya yi dariya. Ya ajiye butar hannunsa.

"Ya furta da bakinsa?"

"Yaya, ai wasa ne."

"Saki yana da wasa? Ba za ki koma gidan nan ba sai malamai sun duba."

Yarana suna Babura, ƙaramar ma ba a daɗe da yaye ta ba. Idan sakin ya tabbata, babu damar kome sai na auri wani. Maigida ya riƙa zuwa yana zama a ƙofar gida kamar mai zance, yayana ya hana shi shiga. Sai dai in ji tarinsa ta bayan zana. Malaman unguwa kuma suka rabu, wani ya ce aure ya ƙare, wani ya ce shi bai taɓa jin irinta ba.

A ƙarshe aka kai mu wurin wani tsohon malami a Kazaure. Ya saurara har muka gama, sannan ya dubi maigida.

"Maganar taka ce, ko ba ka aka yi ka faɗa?"

"Allah ya gafarta malam, tafinta ne ya biya mini."

"Ka yi nufin rabuwa da ita?"

"Ni? Malam, ko tuwon kirki ban ci ba tun da aka riƙe ta."

Malam ya yi murmushi. Ya ce wanda ya tsokani matarsa da saki don raha, wannan ya auku. Amma wanda yake maimaita maganar wani, labari yake bayarwa. Ya ce, "Ni nan nakan karantar da babin saki, ina furta kalmar, iyalina tana ji daga tsakar gida. Ga ta can tana tankaɗe." Sai ya ɗaga yatsa ya ce, "Amma kada ku ƙara. Bakin rijiya ba wurin wasan makaho ba ne."

Yayana ya dubi maigida ya ce, "To, ɗauki kayarka." Maigida ya ce masa, "Kaya dai, amma tawa ce."

Na ci gaba da fitowa a finafinansu har suka daina zuwa, ko ɗaya ban taɓa gani ba. Shi kuwa bai sake tsayawa gaban na'urarsu ba. Gindin bishiya yake zama yana gadin ƙwaryata.

Abin da na koya, akwai kalmar da ba a aronta ko don wasa. Da ya rasu na yi kuka har idona ya fara ba ni matsala, har yanzu ina yi. Amma cikin kukan akwai abin da nake gode wa Allah a kai. Ranar da na shiga takaba babu wanda ya yi tantama, ko a fili ko a zuci. Matarsa ce ni har ya cika. Allah Ya jiƙansa, Ya sa idan na je in same shi.