Zakkar Buhu Mai Jan Ƙyalle

Bari in faɗa tun farko kada wani ya riga ni: wawan wannan labari ni ne. Zan ɗan taɓa mai sayar da magani da gwamnati a hanya, don ba zan sha kunya ni kaɗai ba, amma babban kason nawa ne.

Bokona aji huɗu ne, sai abin da na tsinta a bakin ƙofar ofis. Na yi shekaru ina masinja a Gwarzo, ina kai fayil daga wannan tebur zuwa wancan, kuma duk Turancin da ya faɗo daga bakin manya sai in sunkuya in ɗauka in jefa aljihu. Da zamanin tsuke bakin aljihu ya zo aka rage ma'aikata, da irinmu aka fara. Na dawo gida Garo da keke ɗaya, na koma noma, da Turanci cike da aljihu wanda babu mai saye.

A wannan zamani ne maganin ƙwari ya canja gida. A da malamin gona ne ke zuwa a kan babur, ya kawo shi a gwangwani mai rubutu da hoton ƙoƙon kai, ya tsaya a kanka har ka auna. Sai babur ya rasa mai, shagon gwamnati ya rufe, magani ya koma kan teburin kasuwa cikin kwalaben lemo, ba takarda ba suna, gefensa ana sayar da gishiri da daddawa. Wata rana na haɗu da malamin gonar nan a Kabo muna jiran mota. Ya nuna mini irin wannan tebur da leɓe, ya ce, "Baba, ka ga wannan? Shi Turawa ke kira andaregileshan."

Na sa ya maimaita sau uku, har kalmar ta zauna a bakina. Na ce, "Wato rashin doka?"

Ya ce, "A'a. Dokar tana nan a takarda. Kaɗan ta yi, masu zagawa su duba ko ana bin ta kuma sun fi ta kaɗan. Kamar miyar da aka nuna wa gishiri daga nesa. Kuma kasuwa ake faɗa wa, ko sana'a, ko banki. Ba a faɗa wa mutum."

Wannan na ƙarshe shi ya fi yi mini daɗi. Kalma ce mai ladabi: tana zagin kowa, ba ta kama sunan kowa. Na ɗauke ta na kai majalisarmu ta gindin darbejiya, na yi shekaru ina cin abinci da ita. Idan mai nama ya sayar da na jiya, ita ce. Idan direba ya loda mutum tara a gidan baya, ita ce. Har jakin maƙwabcina da ya shiga mini gona sai da na jefa masa. Maiɗakina kuwa, idan na fara, sai ta turo akushi ta ce, "Malam, ci tuwonka kafin shi ma ciwon ya kama shi."

Shekarar da aka ƙaddamar da Shari'a Allah ya ba ni wake irin wanda ban taɓa samu ba, har ya kai a fitar da zakka. Wake kuwa, kowa ya sani, ba a gama sussuka ba ƙwaro ya riga ya yi masa rajista. Waken ci, maiɗakina ke adana shi yadda ta gada, ta cuɗa shi da toka da barkono. Na iri, wanda za a shuka baɗi, ni na ce a bar mini, aikin masu ilmi ne. Na je kasuwar Gwarzo na sayo kwalba ɗaya a kan irin teburin nan da na shekara goma sha ina zagi. Na tambayi mai teburin, "Murfi nawa ake zuba wa buhu?" Ya ce, "Baba, gwargwadon yadda suka dame ka." Sun dame ni ƙwarai, sai na zuba uku.

Maiɗakina ce ta ɗura shi a buhu, ta ɗinke, ta ɗaura jan ƙyalle a wuyansa. Ta ce ta gaya mini abin da jan ƙyallen yake nufi, har sau biyu. Ban musa ba. Mai yiwuwa a lokacin ina tsakiyar yi mata bayanin halin da ƙasa ke ciki.

Ran wata Juma'a liman ya yi huɗuba a kan zakka. A shekarar nan kowa ya zama mai tsoron Allah da ƙarfi, har waɗanda a da sai an tashe su salla. Ya ce kada mutum ya tsinci mummunan abinsa ya ba Allah, ya ɓoye mai kyau. Maganar ta shige ni. Maiɗakina ta tafi suna Unguwar Tudu, sai gobe za ta dawo. Na shiga ɗakin ajiya na buɗe buhunan ɗaya bayan ɗaya. Na toka duk sun yi furu-furu kamar ƙafar wanda bai shafa mai ba. Ɗaya ne kawai yake fari tas, yana sheƙi, ko huji ɗaya babu. Na ce lallai wannan shi ne na Allah. Na kwance wani tsumman ja da ke wuyansa na yar. Kada a tambaye ni wari. Hancina ya daɗe da yin ritaya, garin taba ya sallame shi.

Gida uku na kai da hannuna, a bayan keke, kuma ban bi ta lungu ba. Na kai wa ladan, na kai wa wani makaho dattijo da ke bayan masallaci, kaso mafi yawa kuma na kai can wani ƙauye ta wajen Gammo, gidan taubashiyata. 'Yar ƙanen mahaifiyata ce, mijinta ya rasu, tana riƙe da jikoki huɗu, ƙosai take soyawa da yamma a bakin hanya. Tun muna yara ba ta taɓa kirana da suna ba, sai Baturen Garo.

Washegari bayan azahar maiɗakina ta dawo. Ina kishingiɗe a zaure na ji ta shiga ɗakin ajiya, sai shiru. Ta fito da jan ƙyalle a hannu, ko mayafi ba ta cire ba.

"Malam, ina waken iri?"

Na gyara zama na ce, "Waken da ya fi kyau na ba Allah."

Ba ta yi salati da ƙarfi ba, da ma ta yi. A hankali ta ce, "Gidan wa da wa?"

A nan ne ya faɗo mini gaba ɗaya, murfi uku da kwalbar lemo da mai tebur. Na lissafa mata gidajen, na ce jiya na kai. Ta ce, "Tashi. Tun jiya ne, kwana ya riga ya shiga tsakani. Tashi!"

Wanda bai taɓa zuwa karɓo zakkar da ya bayar ba, bai san nauyin sallama ba. Na tsaya ƙofar makahon nan, ya fito, dole a gaisa. Ina wuni, ina gajiya, ya iyali, ya ƙarfin jiki, ni kuwa zuciyata tana can cikin tukunyarsa. Da ƙyar na ce, "Baba, waken jiya, an taɓa shi?" Ya ce yana nan a ɗaure, sai Litinin suka shirya dafawa. Na ce a ba ni, zan sauya. Ya ce, "Ko an gano ban cancanta ba ne?" Wannan tambaya har yau tana ci mini rai. Na rantse masa, na karɓa, na wuce.

A gidan ladan ba a dafa ba su ma. Amma matarsa ta sheƙe shi da safe, ta watsa wa kaji ɓarzajjen. Ladan ya ja ni bayan ɗaki ya nuna mini. Kaza ɗaya ta miƙe ƙafa, wata tana zagaya wuri ɗaya, wuya a karkace, baki buɗe. Ya ce, "Da ma muna ta mamaki." Kaza ce ta ci tsintuwa ta zama haka. Taubashiyata kuwa kwano-kwano take jiƙawa, ta kai inji, ta soya, yara da manya su saya, jikokinta su cinye na ƙasan kasko.

Na hau keke. Hanyar Gammo ba wata tafiya ba ce, amma ran nan an ƙara mata tsawo. La'asar ta yi, lokacin da take ɗora kasko ke nan. Ina taka feda ina lissafa masu cin ƙosanta da na sani: masu dawowa daga gona, 'yan matan da ake aikowa da kwano, ƙaramar jikarta mai haƙora biyu da ake murmushe wa a baki. Kaca ta zame a gangaren rafi, na sauka na mayar, ta sake zamewa. Na tura keken da gudu, ni da rabona da gudu tun ana biyan haraji. Babu addu'ar da ban yi ba. Na ce ya Allah, in wani zai tafi a kan waken nan, ga wanda ya zuba. Kuma abin da na lura daga baya, duk tsawon hanyar nan ko sau ɗaya Turanci bai zo mini ba.

Tun daga nesa na hango hayaƙi. Na matso na ga kasko a wuta, mai yana ƙara, mutane biyar ko shida a tsugune, kowa da ƙosai a hannu. Ƙaramar jikar tana zaune a tabarma, bakinta duk maiƙo. Na saki keke ya faɗi, na ɗaga hannu biyu na yi ihu, "Ku tofar! Don Allah ku tofar!"

Kowa ya tsaya da tauna. Wani ya tofar, wani ya haɗiye don kada a yi asara. Taubashiyata kuwa ko motsi ba ta yi ba, tana juya ƙosai da tsinke.

"Baturen Garo, lafiya? Ko an mayar da kai aiki ne?"

Na ce, "Waken jiya! Akwai magani! Ni na zuba, murfi uku. Maiɗakina ta ɗaura jan ƙyalle, na kwance ban sani ba."

Ta tsame ƙosai ta zuba a kwando, ta sake saka wani, sannan ta dube ni. Ta ce, "Ku ci abinku, wannan wakena ne na kasuwa. Naka yana can rataye a reshen tsamiya inda akuya ba ta kaiwa. Ina kwance bakin buhun warin ya buge ni har sai da idona ya yi ruwa. Shekara talatin ina wanke wake, a ce ban san warin mutuwa ba?"

Na zauna a ƙasa, a kan turɓaya, da babbar rigata. Na ce, "To me ya hana ki aiko mini tun jiya? Akwai wasu gidajen!"

A nan fuskarta ta canja. Ta ce ba ta san akwai wasu ba. Ta ce ta kwana tana juyayi, don ba ta taɓa jin wanda ya mayar da zakka ba, kada a ce matar da ba ta da komai ta raina abin Allah. Na gaya mata an tarar da sauran, kajin ladan kaɗai suka tafi. Ta yi hamdala ta sauke numfashi, ta miƙo mini ƙosai biyu a takarda da ruwa a moɗa.

Da ruwan ya sauka, jini ya dawo jikina, na ga mutane sun zuba mini ido, sai tsohon hali ya motsa. Na share baki na gyara hula. Na ce, "Jama'a, kun ga abin da nake faɗa kullum. Guba a kwalbar lemo, ba takarda, ba mai dubawa, mai sayarwa bai san awo ba. Da hukuma na sa ido da haka ba ta faru ba. Wannan shi ake kira andaregileshan, ma'ana dokar ta yi kaɗan." Kuma har gobe ina nan a kan cewa ban yi ƙarya ba, teburin nan yana nan a kasuwa, jikan mai shi ne a kai yanzu.

Amma ban ƙara ko harafi ba a ran nan, ban kuma sake fito da kalmar a majalisa ba, saboda abin da ta ce, tana nuna ni da tsinken ƙosai:

"Gwamnati tana Kano, ba ta san an haife ka ba. Amma a gidanka doka ta zo har wuyan buhu, ja wur, makaho ma ya shafa zai ji ta. Hannun wa ya kwance ta, Bature? In akwai Turancin wannan, faɗa mana mu ji."