Mai Ƙwanƙwasa Motar Jibo

A tashar Talata Mafara, in ka ce Jibo kake nema za a tambaye ka wanne, don Jibo sun yi yawa. Amma ka ce Jibon da ke amsa wa motarsa, ko mai sayar da rake zai nuna maka shi da haɓa. Dogo ne, baƙi, ya fara ranƙwafawa, da wata hula da ta ga jiya ta ga yau. Ba ya cacar baki da 'yan kamasho, ba ya rububin lodi. Aibinsa ɗaya ne, in ma aibi ne. Kana zaune kusa da shi ana tafiya, sai ka ji wani abu ya buga ƙarƙashin motar, ƙwas-ƙwas-ƙwas, kamar ana ƙwanƙwasa ƙyauren kwano, shi kuwa ya ce a hankali, "Na jiya." Fasinjan da bai saba ba sai ya waiga ya ga ko da wa ake.

Ɗan Birnin Tudu ne, ta ƙasar Bakura. Mahaifinsa ya so ya gaje shi a noman shinkafa, shi kuwa tun yana ƙarami in ya ji kukan mota sai fartanya ta faɗi daga hannunsa. Ya yi karen mota a wata a-kori-kura mai ɗaukar albasa, ya sha zagi ya sha rana, har Allah ya ba shi sitiyari. Rabin rayuwarsa ya yi ta cikin wata tsohuwar Fijo, daga Mafara zuwa Maradun, ranar kasuwa ya zarce Gidan Goga da ƙauyukan bayanta. Fijo ba ta da ra'ayin kanta. Ka taka ta tafi, ka ɗaga ƙafa ta tsaya. A cikinta ya koyi yashi kamar yadda malami ya san allonsa: a rage iskar taya, a shiga da giya ta biyu, kada a ɗaga ƙafa daga totur sai an ga tudu.

A ɗaya daga ƙauyukan nan ya auro Taiba, mace mai tsokana da hannun ɗinki. Ba ta yin sallama da baki in ya dawo ya rufe ɗaki yana hutawa, sai ta ƙwanƙwasa ƙyaure da ɗan yatsa har sai ya ce ya ji. Allah bai ba su haihuwa ba, sai duk gatan ya koma kan mota.

Da Fijo ta gaji, Jibo ya sayo wata mota 'yar Kwatano mai sauya giya da kanta. To, al'adar tasha ce, duk motar da ta zo da fitilu barkatai a gaban sitiyari, a nemo baƙin salatif a liƙe su, don kada su ɗaga wa mutum hankali a banza. Wa ke da lokacin fitila? Inji na tashi, birki na kamawa, sauran surutun Turawa ne. Haka aka yi wa ta Jibo tun kafin ta bar hannun dillali. Ita kuma Taiba ta ce ba za a ga motar mijinta tsirara ba. Ta ɗinka shimfiɗa ta jan karan-miski mai geza, ta rufe gaban motar kaf, ta saki wani aljihu ya sauko ta hagun sitiyari, daidai gwiwar direba, don goro da carbi. Da ƙananan ƙusoshi aka kafa shi. Direbobi sun daɗe suna yi masa tsiya, wai motarsa ta fi amarya ado, shi kuwa daɗi yake ji.

Cikin bazara abin ya faru. Sun je bikin suna garin su Taiba, suna dawowa bayan azahar da mota cike da mata. Tsakanin ƙauyen da Gidan Goga akwai ƙoramar da ake kira Mashigin Tsamiya, busasshiya a lokacin, yashi zalla. Da sassafe sanyin raɓa ya riƙe yashin, sun wuce lafiya. Da rana kuwa ya saki, ya zama kamar gari. Jibo ya shiga yadda ya saba, ya taka. Suna tsakiya sai motar ta karaya. Ƙafarsa na ƙasa, amma inji ya yi sanyi kamar an shaƙe shi, sai ga bugun nan daga ƙarƙashi, ƙwas-ƙwas-ƙwas. Ya ja baya, haka. Ya sake takawa, haka. Tayoyin ba su ko watsa yashi ba, sun tsaya ne kamar wani ya riƙe su da hannu.

Sannan suka ji kukan babura daga cikin daji.

Kowa ya san abin da ake yi, aka watse. Jibo ya kama hannun Taiba suka nufi gaɓa. Tana da ciwon gwiwa, gudunta bai fi sauri ba. Ya ji harbi, ya ji hannunta ya yi nauyi cikin nasa. Abin da ya biyo baya bai taɓa ba kowa labarinsa ba, ni ma ba zan ƙirƙira masa ba. A garinsu aka yi mata sutura.

Motar kuwa nan ɓarayin dajin suka bar ta, da makulli a jiki, don su ma ta ƙi su. Sai da shanun huɗa aka jawo ta. Wannan ya ishi mutane hujja. Wasu suka ce mutanen ɓoye na tsamiyar ne suka riƙe ta, wasu suka ce laya aka binne a mashigin. Jibo kuwa ya ji bugun da kunnensa, kuma ya san direban da ya fi shi sanin yashi ba a haife shi ba a ƙasar Maradun. In ba shi ya yi kuskure ba, to wani abu ne ya riƙe su.

Ya daina bin hanyar daji, ya tsaya kan kwalta. Sai dai bugun bai rabu da shi ba. Duk ranar da aka yi yayyafi, ko ya hau inda tsakuwa ta zubo a kwana, sai ya ji shi. Da farko tsigar jikinsa tashi take, ya yi ta a'uziyya. A hankali ya lura da wani abu: duk inda aka buga, wuri ne da mota za ta iya zamewa, kuma ba ta taɓa zamewa ba. Sai zuciyarsa ta raya masa abin da ya san malamai ba za su yarda da shi ba. In ba Taiba ba, wa ya sani mai ƙwanƙwasa maimakon sallama? Tun daga nan yake amsawa. Shimfiɗar ta koɗe, gezar ta zube, bai yarda ko mai wankin mota ya taɓa ta ba.

Damina ta bana na ƙaratowa saƙo ya iso shi. Mutanen garin su Taiba suna tashi, sun gaji da barazana. Masu ƙafa sun bi babura, amma Inna Baraka, mahaifiyar Taiba, ɓarin jikinta ya shanye, ba ta iya zama kan babur. In ruwa ya cika mashigin kafin a ɗauko ta, za ta yi damina a kufai. An tambayi direbobin Maradun, kowa ya ce motarsa na gareji. Jibo ya yi kwanaki yana juya maganar. Tsoro yake ji, tsoro na gaske, ba na 'yan bindiga kaɗai ba. Amma uwar Taiba ce.

Ya kai motar wurin Mas'ud, mai gyaran wutar mota a bayan tasha, mutum mai surutu kamar rediyo, ya ce a duba masa komai. Ya kuma faɗa masa inda za shi, da yadda ta yi masa wancan karo.

"Kawu, tana bugawa daga ƙasa in ta yi hakanan?" in ji Mas'ud.

Jibo ya dube shi. "Wa yag gaya maka?"

Mas'ud ya sa farce ya ɓare salatif ɗin, ya murɗa makulli. Wata 'yar fitila ruwan ɗorawa ta kama, da hoton mota da layuka biyu a karkace a bayanta.

"Wagga mota tana da ƙwaƙwalwa, Kawu. Kowace taya akwai abin da ka ƙidayar juyinta. In guda ta hi 'yan'uwanta gudu, sai ƙwaƙwalwa ta ce santsi na. Sai ta rage ma inji mai, ko da ka taka har ƙasa, ta riƙa danna ma tayar birki tana saki, tana dannawa tana saki. Shi na bugun da kaka ji. Bisa kwalta in an yi ruwa, ceton rai na, don ta hi ƙahwarka sauri. Amma cikin yashi mai zurhi ko taɓo, taya sai ta juya ta watsa shi kahin ta samu abin kamawa. Ita ko ƙwaƙwalwa ba ta san yashi ba, sai ta hana. Ka ga kai kana turawa, ita tana riƙewa. Nan aka kashe ta, in an hita a kunna."

"Kashe ta? Da mi?"

"Akwai maɓallinta. Hagun sitiyari yake zama, wajen gwiwa." Mas'ud ya leƙa, ya ɗaga ido. "Sai an ɗaga wanga aljihu."

Jibo ya hana shi da hannu. Shi da kansa ya durƙusa, ya zare ƙusoshin ɗaya bayan ɗaya. Ga maɓallin nan, sabo ful, ko yatsa bai taɓa hawansa ba, da hoton motar nan mai layuka a jikinsa. Shekara da shekaru gwiwarsa na gogarsa ta bayan goro. Rashin sani ya fi dare duhu. Mas'ud mai surutu ya ga fuskarsa, ya tashi ya ce za shi sayen ruwa, bai dawo da wuri ba.

Jibo bai cire aljihun ba. Ya ɗauki reza ya yanka ɗan rami a bayansa daidai maɓallin, ya mayar da ƙusoshin.

Washegari da hantsi ya isa Mashigin Tsamiya, hadari na haɗuwa ta gabas. Ya tsaya a gaɓa ya rage iskar taya, idonsa na ƙin kallon gefen da ya sani. Ya zura yatsa cikin aljihun goro ya danna. Fitilar ta kama ta tsaya. Ya yi bisimilla ya shiga. Inji ya yi ruri irin na Fijo, yashi ya tashi ta bayansa kamar ana sheƙar hatsi, motar ta yi rawa hagu da dama, ta haye. Ba a ƙwanƙwasa ba. Shirun ya fi bugun ba shi tsoro.

Ya tarar da garin ya zama kango, sai kaji da 'yan tsofaffi. Ya durƙusa daga bakin ƙofa ya gai da surukarsa, kansa a ƙasa, aka yi ta ina gajiya da ina iyali kamar ba gudu ake ba. Maƙwabta suka kama aka kwantar da ita a kujerar gaba, aka ɗora ƙullin kayanta da tabarma. A dawowa ma ya danna, don tayar da inji ya sake kunna ƙwaƙwalwar, suka haye, ɗigon farko na sauka kan gilashi. Da suka hau kwalta bayan Maradun ya sake dannawa, fitilar ta mutu, ƙwaƙwalwa ta koma bakin aikinta.

Inna Baraka na kwance tana kallon shimfiɗar gaban motar. Taiba 'yar farinta ce, ba ta taɓa kiran sunanta ba, ko ranar da aka binne ta. Sai can ta miƙa hannunta mai lafiya ta shafa karan-miskin, ta bi bakin ɗinkin da yatsa.

"Hannun yarinyar nan na," ta ce. "Ni nik koya mata wagga kalmasa."

"Hakanan na, Inna."

Ruwa ya kece. Kwalta ta yi sheƙi. A kwanar da ke gab da Mafara, inda laka ke gangarowa kan hanya, tayar gaba ta zame kaɗan, sai ga shi, ƙwas-ƙwas-ƙwas. Motar ta miƙe. Bakin Jibo ya buɗe da kansa zai amsa, ya rufe shi.

Tsohuwar ta juyo da kai. "Ɗan nan, wa ka bugun ƙohwa?"

"Ba kowa, Inna," ya ce. "Mota ta."

Sai da ya ji maganar ta fita daga bakinsa sannan zuciyarsa ta yarda Taiba ta rasu. Hawaye suka zubo masa, bai share ba, don hannuwansa biyu na kan sitiyari kuma ga surukarsa a gefe.

Inna Baraka na nan gidansa yanzu, a ɗakin Taiba. Ya koya wa direbobin tasha maɓallin, wasu sun ɓare salatif, wasu sun ce sai sun gani. Shi kuwa ya san ko mene ne ke bugawa, zai ma iya yi maka bayaninsa tiryan-tiryan. Amma ka shiga motarsa ranar da aka yi yayyafi ka kasa kunne. Har yau yana cewa, "Na jiya."