Hadda a Gindin Gawo

Ni ne ɗan fari a gidanmu, kuma duk wanda ya tashi a ƙauyukanmu na wajen Dungas ya san abin da hakan ke nufi. Inna ba ta kiran sunana, ba ta kallon idona, ba ta yi mini magana kai tsaye. In tana son in ci abinci sai ta ce wa ƙanwata, "Ki gaya wa wancan tuwo na hucewa," ko da kuwa ina zaune kusa da ita har ina jin ƙanshin daddawar hannunta. Baba ma bai fi ta sakin fuska ba. Ban taɓa ɗaukar wannan rashin so ba, kunya ce irin ta iyaye, kuma matar da ta fiye nan-nan da ɗanta na fari sai ta zama abin zunɗe a bakin rijiya. Kakata ce ta raine ni. Ita nake yi wa tsiya tana ramawa, tana kirana mijinta marar cefane, kuma ita kaɗai nake iya gaya wa abin da ke cikina.

Daga ƙauyenmu ni kaɗai na kai koleji a Magariya. Tun ban iya ɗaure wando da kyau ba mutane suka fara kirana Mushe, wato malamin lakwal, makarantar boko ke nan. Da farko wasa ne, daga baya wasan ya zama kaya a kaina. In na zo hutu ba a barina in riƙe fartanya. Tsofaffi su taɓa tafin hannuna su ce wannan na alƙalami ne, kada a ɓata shi. Ni kuma, Allah ya yafe mini, ina jin daɗin abin, har tafiyata sai da ta canja.

A shekarata ta ƙarshe, wadda ake rubuta babbar jarrabawa, kakata ta rasu. Na zo aka yi addu'a, na koma Magariya. A can kowa a cikin ajinmu ya zama kamar an ɗora masa dutse a ka. Muna da hanyar karatu guda ɗaya, ita ce hadda. Da la'asar sai ka ga ɗalibai sun watsu ƙarƙashin itatuwan dogon yaro na bayan lakwal, kowa da littafinsa a hannu, yana kaiwa yana komowa, yana faɗar darasi da ƙarfi, yana kaɗa hannu kamar mai rigima da iska. Mutanen gari sun saba. Masu tallar gyaɗa ma ratsawa suke ta tsakaninmu ba sa ko ɗaga kai.

Mun san makomar wanda ya faɗi. Zai koma ƙauye da hannu mai laushi, shi ba manomi ba, shi ba ma'aikaci ba, yara su riƙa kiransa Mushe suna dariya. Wannan hoton ya zauna mini a zuciya ya ƙi tashi. Barci ya fara gujena. Sai tsakar kaina ta riƙa zafi kamar an aza mini garwashi, sai in ji wani abu na yawo ƙarƙashin fatar kan kamar tururuwa. In na buɗe littafi ina ganin baƙaƙen sarai, amma ba sa shiga. Ban gaya wa kowa ba. Wa zan gaya wa? A ajinmu mai ciwon ciki ana tausaya masa, mai ciwon kai irin nawa kuwa cewa za a yi karatu ya fi ƙarfinsa.

Wata rana a gwajin lissafi na rubuta sunana a saman takarda, daga nan hannuna ya tsaya. Na zauna ina kallon takardar har aka karɓe. Da malamin ya tambaye ni lafiya, sai kawai na fashe da kuka, ƙato da ni, gemu ya fara tsiro, a gaban ƴan mata. Har yau in na tuna sai in ji kunnuwana sun yi zafi. Aka kai ni wurin majo, babban ma'aikacin jinya a asibiti, ya duba idona, ya ba ni ƙwayoyi, ya ce gajiya ce. Darakta ya ce in tafi gida in huta, in dawo kafin jarrabawa.

Na sauka ƙauye tsakiyar bazara, lokacin da babu ɗan lakwal ko ɗaya a gida. Duk wanda na gamu da shi sai ya ce, "A'a, Mushe, an yi hutu ne?" In ce zazzaɓi ne. Su dube ni sama da ƙasa, su ga ba ni da alamar zazzaɓi, su ce Allah ya sawwaƙe. Na shige ɗakin kakata, wanda ba a taɓa komai a ciki ba tun rasuwarta, na kwanta kan gadon karanta. Ƙanwata ke kawo mini abinci ta mayar da shi kusan yadda ta kawo. Inna ba ta leƙo ba, amma na lura ta dawo da turminta kusa da ƙofar ɗakin, wurin da babu ko inuwa.

Hutun bai hutar da ni ba. Kullum ina kwance ina lissafin cewa ƴan ajinmu na can suna gaba ni ina nan. Don haka na ɗauki littafina na fita bayan gari, gindin wani babban gawo da ke bakin gonarmu, na shiga yin abin da muka saba a Magariya. Ina kaiwa ina komowa, ina faɗar darasin tarihi da Faransanci, ina kaɗa hannu. Ko kaɗan ban kawo a raina yadda abin zai kasance a idon mai wucewa ba. A ƙauyenmu wanda aka gani shi kaɗai a gindin itace, da rana tsaka, yana surutu da wani yare yana nuna iska, ba a buƙatar a tambayi abin da ya same shi. Kuma in zan faɗi gaskiya, ba duka suka yi kuskure ba. Akwai ranakun da layi ɗaya nake maimaitawa tun hantsi har azahar, na kasa wuce shi, na kasa dainawa.

Magana ta zaga gari. Mata masu zuwa itace suka canja hanya. Wasu suka ce aljanun gawon ne, wasu suka ce an yi mini asiri ne don hassada, wasu suka ce dama karatun nasara haka yake ƙarewa. Ƙanwata ta dawo daga rijiya ido jajir, ta ce an tambaye ta ko a danginmu akwai mai irin wannan.

Baffana, yayan Baba, shi ne babban gida, kuma mutum ne mai son a yi abu a wuce wurin. Ya sa aka kira ni zaure da hantsi. Baba na zaune gefe yana jan carbi, kansa a ƙasa, ga maƙwabta biyu. Baffa ya ce akwai wani malami a tsallaken iyaka da ke karɓar masu taɓin hankali, ranar kasuwar Dungas za a nemi mota a kai ni. Kowa ya san gidan. Kowa ya san ana sa wa mutane mari a ƙafa, kuma wanda ya shiga, ko ya fito, sunan ba ya barinsa. Jarrabawa kuwa sai dai labari.

"Baffa, hadda nake yi," na ce. "Haka muke yi a lakwal."

"Da wa kake haddar?"

"Ni kaɗai."

"To ai shi ne," in ji shi. "Mai hankali ba ya magana shi kaɗai, ɗana. Ba don ƙi ba ne, don a nema maka lafiya ne."

Na dubi Baba. Na san ba zai ce komai ba. Ba a san uba da jayayya da yayansa a kan ɗansa na fari ba. Carbin ne kawai ya ƙara sauri a hannunsa.

Sai muka ji motsi a bayan zanan da ya raba zaure da cikin gida. Inna ce. Ta durƙusa daga can ta gaida Baffa. Sannan ta kira sunana, cikakke, yadda liman ya raɗa shi. Tunda aka haife ni ban taɓa jin sa daga bakinta ba, har na ɗan yi jim kafin in gane da ni take.

"Tashi ka ɗauko littafinka," ta ce. Ta juya wajen Baffa. "Malam, a yi mini haƙuri. In magana shi kaɗai ce laifin, daga yau da ni zai riƙa yi. A bar mini shi zuwa saukar ruwa."

Ɗaya daga cikin maƙwabtan ya sunkuyar da kai yana salati a hankali. Ni kuwa ba daɗi na ji ba, kada in yi ƙarya. Kunya ce ta rufe ni, na ji da ƙasa za ta tsage da na shige. Lalacewata ta kai har uwata ta zubar da mutuncinta a gaban maza. Baffa ya dubi zanan, sannan ya ce, "To, ke kika ce," ya tashi ya shuri takalmansa.

Ran nan ta ɗauki ƙwaryar gyaɗar iri da ake ɓarewa kafin damina, ta aza a ka, ta bi bayana har gindin gawo. Muka ratsa gari a haka, mutane na leƙowa. Ta shimfiɗa gyalenta ta zauna, ta ce, "To, faɗa ina ji."

Na tsaya da littafi a hannu kamar gunki. Ban san yadda ake kallon fuskarta ba, ita ma ba ta san yadda ake kallon tawa ba. Na fara faɗar darasin ina duban ƙwaryar. Ba ta jin ko kalma ɗaya ta Faransanci, amma duk inda na ja numfashi sai ta ce "Na'am," ko "Haka ne," da ƙarfi, yadda mai wucewa zai ji. In na maƙale a layi ɗaya ina maimaitawa, kunnenta na gane sautin ya dawo. Sai ta ce, "Wannan ka faɗa. Zauna ka taya ni." In zauna, ta turo mini ƙwaryar, mu yi ta ɓara. Hannun da aka ce na alƙalami ne ya yi kanta a babban yatsa.

A wurin ɓarar nan ne bakina ya buɗe. Da yake idon kowa na kan gyaɗa, maganar ta zo da sauƙi. Na gaya mata zancen garwashin da tururuwar, da kukan da na yi a aji. Na ce ina tsoron in faɗi in dawo a riƙa yi mini dariya.

"In ka faɗi, ka faɗi," ta ce. "Gonar nan ta ubanka ce. Ni ban haifi Mushe ba, su suka sa maka."

Ba ta ƙara a kan haka ba, ba mai yawan magana ba ce. Da yamma takan dama lalle ta shafa mini a tsakar ka, ta sa in sha kunun tsamiya a gabanta. Ban san wanne ya yi aiki ba. Na dai san barci ya fara dawowa kaɗan-kaɗan, kuma wata rana na kai ƙarshen shafi ban tsaya ba.

Gari kuwa ya bar ni ya koma kanta. Aka daina zancen aljanu, aka shiga zancen matar da ta kira sunan ɗanta na fari a zaure kuma take wuni da shi a daji. Mata suka laƙaba mata Madam, kamar malamar lakwal. In ta doso rijiya sai wata ta ce, "A ba Madam hanya, za ta makara aji," a kwashe da dariya. Ƙawayenta na kusa suka ja baya, a wani biki ma aka ƙi ba ta tabarma cikin manya. Ƙanwata ce ke kawo mini labari. Inna ba ta taɓa ɗaga zancen ba. Duk dariyar da aka yi mata a ƙirjina take sauka, don na san tawa ce ta ɗauka.

Da hadari ya fara haɗuwa na koma Magariya. Na zauna jarrabawa na rubuta abin da na iya, hannuna bai tsaya ba. Ban ci ba a wannan shekarar. Sai da na maimaita aji, a ta biyu na samu. Amma zafin kan bai sake kai ni ƙasa ba, ko da yake yakan leƙo ni jefi-jefi har na girma. Baffa bai sake maganar mota ba. Sunan Madam kuwa ya bi Inna har ƙarshen rayuwarta, jikoki na kiranta da shi ba su san mafarinsa ba.

Bayan jarrabawar farkon na dawo gida, gero ya kai gwiwa. Duk hanya ina tsara abin da zan gaya mata, tambayoyin da suka fito, da wanda ya ba ni wuya, da yadda na yi barci har da minshari ana gobe za a fara. Na shiga da sallama na same ta a bakin murhu. Na durƙusa kusa da ita na gaishe ta, na ɗaga kai ina neman idonta.

Ta dube ni sau ɗaya, tun daga ka har ƙafa, a tsanake, kamar mai duba tukunya ko ta yi tsaga. Sannan ta kau da fuska wajen bango, ta gyara itacen wuta, ta ce wa ƙanwata, "Ki tambayi wancan ko ya ci abinci a hanya."

Ƙanwata ta tambaye ni. Na ce na ci. Na ɗauki akwatina na nufi ɗakin kakata da labarina a baki, kuma daga ranar Inna ba ta sake kiran sunana ba.