Shatin Haƙora a Hannun Ma Yaba

Ma Afiba ba ta taɓa karɓar kifi ba sai ta shinshina shi, ko da a gabanta aka fito da shi daga ruwa. Wurin zamanta yana jikin nawa a kasuwar bakin kogi ta Paramaribo. Ita tana yi wa uwargijiyarta tallan ayaba da gurasar rogo, ni ina yi wa tawa tallan kifi mai gishiri. Mun yi shekaru kafaɗa da kafaɗa, amma ko loma ɗaya ta abincina ba ta taɓa kaiwa baki ba. Abin ya sha ɓata mini rai. Sai daga baya na ji cewa a can ƙasarsu, a hayin teku, maƙwabciya ce ta kira ta cin abinci, tana sunkuye tana wanke hannu, da goyo a bayanta, aka jefa mata igiya aka sayar da ita.

Akwai wata ɗabi'a tata da ta fi ba mutane haushi. Duk macen da ta miƙa hannu za ta ɗauki ayaba, sai Ma Afiba ta kafe hannun da ido, tun daga wuyan hannu har gwiwa.

"Ma Afiba, ɓarauniya kika mai da ni?"

"Ni ban ce ba. Ke kika fara faɗa."

Mu da aka haifa a nan ba mu da sipi. Waɗanda aka kawo daga hayin teku ne ke da shi: duk wanda jirgi ɗaya ya kawo ku, sipinka ne, kuma ya fi ɗan uwa na jini, tunda na jinin an baro su can. Sipi ke rufe wa sipi ido ranar mutuwa. 'Ya'yansu kuwa wa da ƙanwa ne, babu aure tsakaninsu, in ma aka haifi ɗa a haka, ba mai ɗaukarsa, ba mai cin abinci da uwarsa. Mayunwata sun san darajar kalmar, don haka ba a rasa wanda zai tsaya gaban tiren Ma Afiba yana murmushi.

"Sipi, ba ki gane ni ba?"

"Faɗa mini abin da ka gani a jirgin."

Sai ya yi ta zuba, ita kuwa fuska kamar ƙofar da aka rufe. In ya gama ta ce, "Wuce, kana tare mini masu saye." Ba ta taɓa gaya wa ɗayansu inda ya yi kuskure ba, don kada na gaba ya zo da gyara. Kaf garin nan ba wanda ya san komai game da jirginta.

Ni kaɗai na sani, shi ma ba don ta yarda da ni ba. Wata rana aka sauke sabon jirgi, aka biyo da mutanen ta gaban kasuwa, an shafe su da mai suna ƙyalli. A cikinsu akwai wata mace, nono yana zuba a ƙirjinta, babu ɗa a hannunta. Ma Afiba ta bi ta da kallo har suka sha kwana, sannan ta fara magana tana gyara ayaba, ba ta dube ni ba.

Ta ce agana ce ta shiga jirginsu, wanda kukunsa gurgu ne. Duk wanda aka ga alamar ciwon a jikinsa, teku ake jefa shi da ransa. Ɗanta ya mutu a ƙirjinta a can ƙasan jirgin, kuma ta san in ta yi kururuwa za a sauko a ɗauke su duka biyun. Sai matar da ke kwance a gefenta, wadda ko yarenta ba ta ji, ta cusa mata hannu a baki. Ta ciza har jini ya cika mata baki, matar ba ta janye ba. Da aka sauke su aka sayar da kowacce dabam.

"Ko sunanta ban sani ba. Fuskar ma ta ɓace mini. Amma na san haƙorana." Haƙoranta na gaba masu tsini ne, an feƙe su tun tana yarinya, irin na mutanensu. Ta ɗago ta harare ni. "Amimba, in kika faɗa wa wani zan sani."

Tana da 'ya guda da ta haifa a nan, Kwasiba, yarinya mai dariyar da uwar ba ta da ita. Da wani matuƙin kwalekwale mai suna Kwamina ya fara yawan sayen gurasar da ba ya ci, Ma Afiba ta tashi tsaye. Yau ta ce ɗan rahoton Turawa ne, gobe ta ce yana da mata a kowace mashigar kogi. Ta bi sawunsa, ta tambayi masu dako, ta tambayi har maƙiyansa. Ba ta samu komai ba, wannan kuma ya ƙara tayar mata da hankali.

"Mutum ba aibu ko ɗaya? Ɓoyewa ya iya."

Ana cikin haka Kwasiba ta fara toshe hanci in ta zo kusa da kifina. Kasuwa ta gane, uwar ta riga kowa ganewa. Ba sauran jan lokaci. Auren coci ba na bayi ba ne, namu shi ne iyaye mata su zauna gaban dattijo, kowacce ta faɗi jirginta, in ba su haɗu ba shi ke nan. Uwar Kwamina, Ma Yaba, ba ta daɗe a gari ba. Daga wata gonar rake aka sayo ta tana wanki, shi ya sa ba wanda ya san ta. Aka sa ranar Lahadi, ƙarƙashin mangwaron da ke bayan gidan ubangidan Tata Kodyo, tsohon da ke ɗaura mana irin wannan aure. Ma Afiba ta ce in raka ta.

"Ki zuba ido. Matar da ta haifi yaro mai wayo haka, ba a juya mata baya."

Ma Yaba ta iso daga wurin wanki, gajeruwa, hannuwanta tsirara har kafaɗa, fata duk ta yi fari don sabulu. Ta ajiye kwanon dakakkiyar ayaba da miyar kuɓewa a tsakiya. Ma Afiba ta dubi hannun yadda ta saba duban na kowa. A ƙasan gwiwar hannun hagu akwai tabo, zagayayye, da ɗigo-ɗigo masu zurfi a gefen sama.  Ma Afiba ta buɗe baki kaɗan, Ma Yaba kuma ta ga haƙoran. Ni kuwa na waiga, ga Kwasiba can jikin katanga, hannu a kan mara, tana yi wa Kwamina murmushi.

Tata Kodyo bai lura ba. Ya ce, "Ma Yaba, ke baƙuwa ce, fara. Wane jirgi?"

Ma Yaba ta saci kallon Ma Afiba. Amma ɗanta ya ji labarin tun yana ƙarami, ba halin canzawa. Murya ƙasa-ƙasa ta ce, "Wanda agana ta shiga. Kukunsa gurgu."

"Ma Afiba fa?"

"Namu ba a yi agana ba. Gudawa aka yi. Kukunmu kuwa da ƙafa biyu yake harbin mutane."

Tsohon ya ƙura mata ido. Shi ma ba yaro ba ne.

"Kin tabbata ba ki taɓa ganin matar nan ba?"

"A ina zan gan ta? Dubi hannunta ma, kare ya taɓa cizonta. Ni dai a gaya mata jikana ba zai yi wasa da karnuka ba."

Ma Yaba ta ce, "Kare ne kam. Mai baƙin hali."

Aka yi dariya, Tata Kodyo ya zuba giyar rake a ƙasa, aure ya ɗauru. Sai Ma Afiba ta jawo kwanon nan, ba ta shinshina ba, ta cinye tas. Kwasiba ta zaro ido tana kallon uwarta.

Suka zauna a matsayin surukai har tsufa, kuma ban taɓa ganin surukai masu faɗa irinsu ba. Ma Afiba ta ce Ma Yaba tana satar sabulu, Ma Yaba ta ce ayabar Ma Afiba ruɓaɓɓiya ce daga ciki. A gaban mutane ba su taɓa zama kan tabarma ɗaya ba, don Tata Kodyo bai daina kallonsu ta wutsiyar ido ba. Amma kullum da rana kwano yakan iso kasuwa daga wurin Ma Yaba, kuma a wanke yake komawa. Ma Afiba ta daina duban hannun mata. Masu saye suka ce tsufa ne ya sanyaya ta.

Zazzaɓin damina ne ya ɗauke ta. Aka shimfiɗe ta a ɗakin da bayi ke kwana, ido a buɗe, Tata Kodyo ya tsaya a bakin ƙofa ya yi tambayar da ake yi.

"Akwai sipinta a nan? Ya zo ya rufe mata ido."

Ba wanda ya fito. Ya sake tambaya, wannan karon Ma Yaba yake kallo. Tana tsaye a baya, jikanyarsu ƙarama tana riƙe da zanenta, babbar kuma, wadda aka zo da cikinta ƙarƙashin mangwaro, ta isa aure, har an fara maganar aurenta. Ma Yaba ba ta motsa ba.

"Ba ta da kowa ke nan," in ji tsohon. Ya ce da ni in rufe, tunda ni ce maƙwabciyar talla.

Na durƙusa na rufe mata ido, raina yana ƙuna, don ba aikina ba ne. Da na juyo, na ga Ma Yaba ta fuskanci bango, ta sa hannun hagunta a baki, daidai kan tabon, tana cizo.