Daga Zariya zuwa Dokki: Sanwicin Bashir

Tashi daga gida

Ba a kira sallar asuba ba muka bar Tudun Wada. Maigidana ne yake jan motar, ni ina gefe da jaka ɗaya da ƙullin kuka da daddawa. A masallacin wani gidan mai muka tsaya muka yi salla, gari ya waye mana wajen Kwanar Dangora. Mun wuce shingen jami'an tsaro biyu. A na biyun wani ya leƙo ya tambayi inda za mu, maigidana ya ce filin jirgi, gaisuwar mutuwa. Mutumin ya ce Allah ya jiƙan rai, ya ɗaga mana hannu.

Ƙanena Bashir ne ya rasu a Alƙahira. Ma'aikacin ofishin jakadanci ne, ya yi shekaru a birnin Rum na Italiya kafin a mayar da shi Masar. Ciwon farat ɗaya ne, a wurin aiki ya faɗi, kuma a can aka yi masa sutura tun ban samu biza ba. Ya bar matarsa Rukayya da 'yarsu tilo, Nabila, mai shekara tara. Gidan da suke ciki na aiki ne, dole su tashi, malamai kuma sun ce ba laifi Rukayya ta ƙarasa takabarta a Zariya. Ni dangi suka zaɓa in je in taho da su.

Jirginmu ya tashi daga Kano bayan azahar. Duk tsawon hanya yashi nake kallo ta taga. An kawo abinci, na karɓa na ajiye.

Alƙahira

Wanda ya tarbe ni shi ne Malam Auwal, mutumin Gusau, magidanci da ke karatun fiƙihu mai zurfi a wata jami'ar addini. Shi ya yi wa Bashir wanka. Muka shiga tasi, direba yana ta danna ham yana kutsawa tsakanin motoci, har muka hau gadar da ta ratsa kogin Nilu. Sai a nan Malam Auwal ya juyo daga kujerar gaba.

"Hajiya, gara ki sani tun kafin ki shiga. Yarinyar ba ta cin abinci."

Ya ce tun ranar rasuwar, in ban da shayi da ɗan gutsuren biskit, ba abin da yake shiga cikinta. Likita ya gan ta, ya ce idan aka ci gaba a haka za a kwantar da ita a yi mata ƙarin ruwa, kuma ba zai yarda ta hau jirgi ba.

Dokki

Gidan yana unguwar Dokki, a hawa na huɗu. Mai gadin ƙofa, wani dattijo mai doguwar riga, ya karɓi jakata yana ta cewa ma'alish, ma'alish, wato a yi haƙuri. Na tarar da Rukayya zaune kan darduma tsakanin kwalaye. Muka rungume juna, muka yi kukan da muka daɗe muna yi ta waya. Nabila tana tsaye jikin labule. Ta durƙusa ta ce, "Sannu da zuwa, Gwaggo," ta koma ɗaki. Wuyanta ya yi tsawo, rigar jikinta sai ka ce aro ta yi.

Washegari na tuƙa tuwon shinkafa, na kaɗa miyar kuka, ƙamshin daddawa har kan matakala. Na yi rarrashi, na yi faɗa kaɗan, na sake rarrashi. Ta kai loma ɗaya baki ta ce ta ƙoshi. Na gwada kunu, na gwada taliya, na aika aka sayo kushari, abincinsu na shinkafa da taliya da wake. Duk ɗaya.

Da yamma Rukayya take ba ni labari cewa kowace Juma'a, in Bashir ya dawo daga masallaci, sai ya cire babbar riga ya shiga kicin ya yi musu wani sanwici mai zafi da ya koya wurin maƙwabcinsu a Rum. Burodi ne da nama da cuku, a gasa har cukun ya narke. Ta ce Nabila ba ta da abinci sama da shi. Na tambaye ta yadda ake yi.

"Wallahi Yaya ban sani ba. Korata suke yi daga kicin, shi da 'yarsa."

Na ce ai burodi da nama ba za su gagare ni ba. Na sauka shagon ƙasan bene na sayo dogon burodi mai laushi, da basturma, wani busasshen naman sa da suke shafe wa hulba da tafarnuwa, da cuku mai gishiri. Na haɗa na ɗumama a kasko. Nabila ta fito, ta dubi farantin, ta ce ba shi ba ne. Ba ta ɗaga murya ba. Ta ce burodin ba irinsa ba ne, naman kuma yana warin hulba, Abbanta a wani shago a unguwar Zamalek yake saye.

Na tambaye ta ko za ta gane shagon. Ta gyaɗa kai.

Zamalek

Ranar Juma'a da hantsi muka fita mu biyu, titi ba cunkoso kamar sauran ranaku. Tun jana'iza Nabila ba ta sauka daga benen ba. A tasi ta manne jikin ƙofa, ita take gaya wa direba hanya da Larabcinsu na Masar: dama, hagu, nan. Zamalek tsibiri ce a tsakiyar kogi, unguwar jakadu, da manyan itatuwa da 'yan sanda zaune bakin ƙofofi.

Muka fara da gidan burodi. Ta nuna wani faffaɗa mai ɓawo mai tauri, an barbaɗa masa gari, cikinsa duk ramuka. Daga nan muka shiga wani ƙaramin shago mai sanyi, cuku kala-kala a jere bayan gilashi. Na tsaya ina ɗari-ɗari, don na ji an ce naman irin wannan abinci na alade ne a Italiya. Nabila ta lura, ta ce na sa ne da na talo-talo, Abba ya bincika tun farko.

Mai shagon, wani mutum mai furfura da farin ƙyalle a ƙirji, yana ganinta ya washe baki ya kira sunanta. Ya leƙa bayanmu, ya tambaya ina Baba, kwana biyu bai leƙo ba. Larabcina na islamiyya ne, amma wannan na gane shi. Na buɗe baki zan amsa, ta riga ni.

"Baba ya rasu," ta ce masa da Larabci.

Daga baya Rukayya ta gaya mini cewa shi ne karo na farko da kalmar ta fito daga bakin Nabila. Mutumin ya ajiye wuƙa. Ya zagayo daga bayan gilashin, ya dafa kanta, ya yi salati, ya yi addu'a mai tsawo. Nabila ta kifa fuska a jikin hijabina ta yi kuka, irin wanda kafaɗu suke rawa, mu kuma muka bar ta. Da ta lafa, ya koma wurinsa bai tambaye mu komai ba. Ya yanka naman sa siriri har ana hango yatsa ta cikinsa, ya yanka na talo-talo, ya yanko cuku iri biyu, fari mai taushi da wani mai ɗan tauri, ya ƙara da kwalbar barkono da aka jiƙa a ruwan tsami. Ya ce haka Baba yake saye.

Kicin

Bayan an sauko daga masallaci muka shiga kicin. Nabila ta hau wata 'yar kujera, ta zama malama, ni ɗaliba. Ta sa na ɗora jan tattasai kan wutar gas har ya yi baƙi, muka rufe shi a kwano ya yi gumi, muka saɓule ɓawon. Na soya albasa a man zaitun a hankali har ta yi laushi ta yi ja. Ta tsaga burodin biyu, ta goga masa tafarnuwa, ta ɗiga mai. Na ɗauki nama zan shimfiɗa, ta riƙe hannuna.

"Cuku ne a ƙasa, Gwaggo. Kuma ba a shimfiɗa naman, naɗe shi ake yi."

Haka muka jera: cuku, nama a nannaɗe, tattasai, albasa, barkonon tsami, yankan tumatir da ɗan gishiri, busasshen ganye mai ƙamshi da ta murtsuke a tafin hannu, sai cuku kuma a sama. Injin gasawar an riga an ɗaure shi a kwali, don haka muka sa a kasko, muka ɗora tukunya cike da ruwa ta danne shi. Na farkon ya ƙone, wuta ta yi yawa. Ta ce ma'alish, Abba ma yana ƙonawa in yana waya. Na biyun muka rage wuta, muka jira har cukun ya fara zubowa gefe yana tsuwa, muka juya.

Ta yanka shi a karkace. Ta ɗora rabi a faranti ta kai wa mahaifiyarta, ta ce na farko na Mama ne. Rukayya ta karɓa ta ci. Ni na juya ina wanke kaskon da bai gama hucewa ba, don kada yarinyar ta ga ina kallonta. Ta bayana na ji ƙarar ɓawon burodi. Nabila ta cinye ɗaya rabin, sannan ta tambaya ko akwai sauran cuku.

Ban ce ta warke a ranar ba. Washegari da kyar ta sha kunu. Amma daga nan ta riƙa cin ɗan abu, har ranar da likita ya duba ta ya ce tamam, za ta iya tafiya. Kafin mu taso Malam Auwal ya kai ni maƙabartar da ke bayan gari, na tsaya daga nesa na yi wa ɗan'uwana addu'a.

Komawa

Mai gadi da Malam Auwal suka sauko da kwalaye. A filin jirgi an buɗe jakata an ga cuku a naɗe cikin zane, jami'in ya dube ni ya dubi yarinyar, ya rufe. Mun sauka Kano da rana, muka isa Zariya ana kiran magariba. Gidanmu cike da mata. Inna, mahaifiyarmu, ta jawo Nabila ta ɗora a cinya duk girmanta, tana shafa kanta.

Da mutane suka ragu, Inna ta tambaye ni abin da yarinyar take ci, don ta ji labarin rashin cin abincin. Nabila ce ta amsa. Ta ba ta labarin Juma'a, da yadda Abba yake ɗaura ƙyallen girki, yana gasa tattasai yana waƙa, yana korar Mama daga kicin. Inna ta saki baki tana saurare.

"Bashir ɗin? Wanda ko ruwan shayi sai an dafa masa?"

Ta yi dariya, dariyar ta juye kuka, ta share ido da gefen mayafi. Ta ce shekarun nan duk da ya yi a waje, ashe akwai ɗanta da ba ta taɓa gani ba. Sannan ta ce wa Nabila gobe ta yi mata, ko da haƙoranta ba za su iya ɓawon ba, a jiƙa mata a shayi.

Ina godiya ga Allah da ya kai ni ya dawo da mu lafiya, da Malam Auwal da iyalinsa, da mai shagon nan na Zamalek da ban ko tambayi sunansa ba. Wanda ya karanta wannan, ya sa Bashir a addu'a.